Raba gindi ko shuka iri? Muhawara kan furen "bakin wuta" a Bauchi

Maman Ilham (Fadaman Mada): Assalamu alaikum 'yan uwa, barkanmu da damina. Don Allah masu lambu ku duba hoton nan da na sa. Shekara huɗu ke nan maigidan ya zo min da furen nan daga Jos a cikin leda, gindi ɗaya tal. Ganyensa dogaye ne sirara kamar ciyawa, sai kara ya miƙe daga tsakiya, kansa ja wur kamar garwashi, ƙasansa kuma ruwan ɗorawa. Yanzu ya yi cunkus a wuri ɗaya. Bara waccan kai bakwai ya fitar, bara uku kacal. Ga ƙanwata da ke aure a Gombe ta tasa ni gaba sai na ba ta. Na tara 'ya'yansa da suka bushe a takarda. Iri zan shuka ko gindin zan raba? Kuma yanzu da muke tsakiyar Agusta ƙasa ta jiƙu, in tona kawai?

Baba Mai Furanni (hanyar Jos): Wa alaikumus salam. 'Yata kada ki taɓa shi yanzu. Ajiye fartanyar tukuna. Zan dawo in yi bayani, ina tare da mai saye.

Kawu Sarkin Noma: Ikon Allah. Ana cinsa ne?

Maman Ilham: Kawu ba a ci, kallo ake yi.

Kawu Sarkin Noma: To wurin nan da ya tare da zogale kika sa da yanzu kin yi kwaɗo sau nawa? Ni dai na faɗa.

Malamin Gona (Yalwa): Kawu ido ma yana da nasa abincin. Maman Ilham, wannan sunansa na kimiyya Nifofiya (Kniphofia). An raɗa masa sunan wani likita Bajamushe masanin tsirrai, Johann Kniphof, wanda ya rasu a 1763. Turawa kuwa sunan da suke kiransa yana nufin ƙarfen tonon wuta da ya yi ja. Abin da mutane da yawa ba su sani ba, ba furen Turai ba ne, ɗan Afirka ne. Nau'insa ya kai wajen 70, mafi yawansu a Afirka ta Kudu da Lesoto, akwai wasu a tsaunukan Habasha, har nan maƙwabtanmu Kamaru akwai nau'i ɗaya a tsaunukan Bamenda. Ku lura da abin da na ke ta maimaitawa: tsaunuka. Dangi ɗaya ne da alobera da tsiron zabo, mai kama da alobera, da ke fitowa a dajinmu, amma shi ɗan wuri mai sanyi-sanyi ne. Shi ya sa ya fi jin daɗin Jos, da ke sama da mita 1,200, a kan Bauchi da ke wajen mita 600.

Anti Larai: Mu a gidanmu "bakin wuta" yara ke ce masa, kamar itacen da aka zaro daga murhu. Ya fi min wannan Nifofiyar daɗin faɗa.

Malamin Gona: Wallahi sunan ya dace, Anti. Mu tafi a haka.

Baba Mai Furanni: To na dawo. 'Yata, abin da ya sa furen ya ragu shi ne cunkoson da kika gani. Gindin yana haihuwa ta gefe, 'ya'yan suna matse uwar, tsakiya ta tsufa ta daina aiki. Maganin abin rabawa ne, kuma rabawar ita ce hanyar da za ki samu na ba ƙanwarki. Kin ga an jefi tsuntsu biyu da dutse ɗaya ke nan. Amma ba a Agusta ba. Saiwarsa mai tsoka ce, cike da ruwa. Kika yanka ta kika mayar cikin ƙasar da kullum ruwa ke kwance, kafin sati biyu za ki ja ganye ya biyo hannunki, gindin ya yi baƙi yana wari. Na yi asarar da ta isa a kan wannan kafin in gane. Ki bari ruwa ya ja baya, ƙarshen Satumba zuwa tsakiyar Oktoba, ƙasa na da laima amma ba ta yi caɓi ba.

Hajiya Babba (GRA): Baba gaskiya ka faɗa. Ni ce shaida. Gindi biyar mai aikin gidana ya raba min a tsakiyar damina, ya ce ai ruwa na zuba ba sai an sha wahalar ban ruwa ba. Ya kuma tona rami mai zurfi ya binne su har wuya, ya danna kashin kaji sabo a kai don su yi ƙarfi. Ko ɗaya bai tsira ba. Har uwar da aka bari sai da ta yi jinya.

Ɗan Toro: Ina neman afuwar Baba, amma ban yarda da Oktoba ba. Mu a nan farkon damina muke raba duk wani mai gindi, ƙarshen Mayu ko farkon Yuni, da zarar ruwa ya zauna. Dalilina: lokacin ne tsiron ke farkawa yana fitar da sabuwar saiwa. Kafin ruwan Agusta ya zo ya riga ya kama ƙasa, ciwon yankan ya warke. Wanda aka raba a Oktoba kuwa, iskar hunturu za ta same shi yana jinya, ta busar da shi. Sannan ruwan da za a yi ta ba shi tun daga Nuwamba har Mayu, wa zai biya mai ga-ruwa? Littattafan ma cewa suke a raba shi a farkon lokacin tsiro.

Baba Mai Furanni: Ɗana, ƙasarku ba tamu ba ce. Ku kuna gindin Filato, ga tsakuwa ga gangara, ruwa na sauka ya wuce. Fadaman Mada fa? Sunan unguwar ma ya gaya maka. Kuma littafin da kake faɗa mutanen da ƙanƙara ke rufe wa lambu ne suka rubuta shi. Su abin tsoronsu sanyi da jiƙa a lokaci guda, shi ya sa suke jira sanyin ya wuce. Mu abin tsoronmu biyu ne: ruwan Agusta da zafin Maris da Afrilu. In ka raba a Oktoba, ka tsallake na farko, kuma kana da wata huɗu zuwa biyar na sanyi ya yi saiwa kafin na biyu ya iso.

Ɗan Toro: Amma Baba ka tsallake maganar ruwa.

Baba Mai Furanni: Ban tsallake ba. Gindi huɗu ko biyar ne fa, ba kadada ba. Ruwan alwala ma da za a tara a bokiti ya ishe su.

Malamin Gona: Ni a ganina kowannenku da gaskiyarsa, ƙasar ce ke raba gardama. Mai jigawa ko tsakuwa, inda ruwa ba ya kwana, Yuni ta yi masa. Mai laka ko wurin da ruwa ke tsayawa, ya bi ta Baba. Gwajin ba wuya: ki tona rami kamar zurfin kamu ɗaya, ki cika shi da ruwa da yamma. In da safe kin tarar da ruwa a ciki, to wurin nan ba na bakin wuta ba ne sai kin ɗaga kunya. Kuma tunda Yunin bana ta wuce, zaɓin Maman Ilham tsakanin Oktoba ne da jiran wata tara.

Abu Safwan (Tunfure, Gombe): Malam akwai abin da ya ɗaure min kai. Na taɓa ganin hotonsa a ƙasarsa, a bakin rafi yake, wani ma cikin fadama tsundum. To ta yaya za a ce ruwa ke kashe shi?

Malamin Gona: Tambaya mai kyau, kuma abin da ka gani haka yake. Nau'o'i da yawa a wuri mai damshi suke fitowa. Bambancin shi ne ruwan tsauni mai sanyi ne kuma yana tafiya, akwai iska a cikinsa, saiwa na numfashi. Ruwan da ya kwanta a laka cikin ɗumin daminarmu kuwa ba iska, ga shi ɗumin na rayar da ƙwayoyin da ke ruɓar da saiwa. Ka haɗa wannan da sabon yanka, ka buɗe musu ƙofa ke nan. Don haka kada wani ya ji an ce dangin alobera ne ya bar shi da ƙishi. Yana son ruwa sosai lokacin da yake girma, abin da ba ya so shi ne kwana a cikinsa.

Anti Larai: To ku bari in ba da labarin iri, tunda ba wanda ya taɓo shi. Ni na gwada. An ce min sai irin ya ji sanyi na sati huɗu zuwa shida kafin ya tsira da kyau. Na naɗe shi a tsumma mai laima, na sa a leda, na ajiye a firij. Kun dai san halin wuta. Kwana biyu akwai, kwana uku babu. Da na buɗe bayan wata guda rabi ya yi funfuna. Sauran na shuka a roba, bayan kamar sati huɗu guda shida suka fito, sirara kamar gashi, sai ka rantse ciyawa ce. A gaskiya ma biyu yarinyata ce ta cire su tana taya ni cirar ciyawa. Uku suka rayu. Sai a shekara ta uku ɗaya ya yi fure, kuma abin haushi bai yi jan uwar ba, wani fari-fari ne mai ruwan lemo. Na ce shekara uku ina bauta wa wannan?

Kawu Sarkin Noma: Shekara uku! Da mangwaron aure kika dasa da kin fara sha.

Anti Larai: Kawu ka ƙyale ni da abin da ke damuna.

Malamin Gona: Abin da ya sami Anti ba kuskurenta ba ne. Yawancin waɗanda ake sayarwa a wuraren furanni haɗin aure ne tsakanin nau'i da nau'i, kamar masarar zamani. Manomi ya san in ya ajiye irin masarar aure ya sake shukawa, ba za ta fito kamar ta farko ba. Haka wannan. Ɗan da aka raba daga gindi kuwa shi ne uwar kanta, launi ɗaya, tsayi ɗaya. Iri na da amfani ga mai son ya samu da yawa a arha, ko mai son ganin sabon launi, kuma yana da haƙurin shekara biyu zuwa uku. Maman Ilham in kina son gwadawa don nishaɗi, ki shuka sabon irin a cikin hunturu, a roba mai huji, yashi da ruɓaɓɓen taki, ki yayyafa ƙasa kaɗan a kai, kada ki binne. Sabon iri kan fito ko ba firij, sanyin dai yana ƙara yawan masu fitowa ne. Amma kada ki ɗora alkawarin ƙanwarki a kansa.

Maman Ilham: Na gode ƙwarai. Na haƙura da iri. Baba don Allah yadda ake rabawar dalla-dalla, don ni tsoro nake ji kada in kashe uwar gaba ɗaya.

Baba Mai Furanni: Ba abin tsoro. Ki ba shi ruwa kwana ɗaya kafin aikin in ƙasar ta fara bushewa. Ki yi aikin da yamma bayan la'asar, ba da rana tsaka ba. Kada ki sa fartanya a jikin gindin, ki ja baya kamar taƙi ɗaya ki zagaye shi da shebur, ki yi zurfi, sannan ki ɗago shi gaba ɗaya. Yana da nauyi, ki nemi mai taya ki. Ki zuba masa ruwa ƙasar ta wanke, za ki ga saiwoyi masu kauri ruwan ɗorawa, da wani kututture a kwance wanda kowane tulin ganye ya fito daga jikinsa. Wasu da hannu ma za su ɓalle. Waɗanda suka ƙi, wuƙa mai kaifi, ki wanke ta ko ki ɗan gasa bakinta a wuta. Kowane yanki ya zama yana da tulin ganye aƙalla ɗaya, biyu ko uku sun fi, da saiwarsa. Yanki marar ido ba ya tsira, kamar dankalin Turawa ne. Tsakiyar da ta tsufa ta yi baƙi ko ta yi taushi, yar da ita, kada ki ji tausayinta.

Sai ki rage ganyen da rabi don kada ya yi ta zubar da ruwan da saiwar ba ta iya mayarwa. Ki barbaɗa toka a wurin yankan, ki ajiye a inuwa ya sha iska na ɗan lokaci, amma kada ya kwana biyu a waje saiwar ta bushe. Wurin dashe ki ɗaga kunya, ki gauraya ƙasar da yashi da tsohon kashin shanu wanda ya ruɓe ya zama ƙasa. Sabon taki haramun ne a nan, kin ji abin da ya sami Hajiya. Zurfin kuwa, daidai inda ƙasa ta tsaya masa a da, za ki ga alamar a jikinsa, inda fari ya haɗu da kore. Kada ki wuce nan. Tsakanin ɗaya da ɗaya ki bar kamu ɗaya ko fiye. Ki ba su ruwa sosai sau ɗaya, daga nan sai kin tura yatsa kin ji saman ƙasar ya bushe.

Hajiya Babba: Baba da na san ka tun lokacin. Inda fari ya haɗu da kore, na rubuta wannan.

Ɗan Toro: Abu ɗaya zan ƙara, ko da yake har yanzu ina kan Yunina. In Maman Ilham na tsoron tone uwar, ba dole ba ne. Ta tone gefe ɗaya kawai, ta yanko 'ya'ya biyu na bakin waje da saiwarsu, ta mayar da ƙasa. Furen nan ba ya son a dame shi, wanda aka tone gaba ɗaya yakan yi fushi ya ƙi fure shekara guda. Ta haka uwar ba za ta ji komai ba.

Baba Mai Furanni: Wannan dabara ce mai kyau ga mai neman na kyauta kawai. Amma ita matsalarta biyu ce, har da raguwar fure. In ba a cire tsohuwar tsakiyar ba cunkoson na nan. Bayan an raba kuma a bar shi ya huta shekara uku ko huɗu, ba kowace shekara ba.

Abu Safwan: To ni bari in yi magana a madadin Gombe, tunda can za a kai ɗaya. Maman Ilham ki gaya wa ƙanwarki gaskiya tun yanzu. Sau biyu ina kawo shi daga Jos. Na farko na sa shi a tsakar gida inda rana ke dukansa tun safe har magariba, don an ce yana son rana. Afrilu na zuwa, zafi ya haura 40, ga siminti na mayar da zafi, ganyen ya ƙone ƙurmus. Na biyu na sa shi a tukunyar roba baƙa, ashe dafa saiwar nake yi. Yanzu na uku yana raye shekara biyu, a babbar tukunyar ƙasa, gabas da katanga, yana samun ranar safe zuwa wajen sha ɗaya sai inuwa ta rufe shi. Ganye kam ya yi kyau. Fure sau ɗaya ya yi, shi ma gajere. Ban ce ba zai yiwu ba, amma kada ta sa ran irin na hoton nan.

Malamin Gona: "Yana son rana" ɗin ma daga littafin masu sanyi ne. Ranar Ingila daban, ranar Gombe a bazara daban. Tukunyar ƙasa kuwa dabara ce, tana tsatsafo tana sanyaya saiwa kamar yadda randa ke sanyaya ruwa. A huda gindinta dai, a ɗora ta kan duwatsu. A bazara a rufe saman ƙasar da busasshiyar ciyawa ko ɓuntun shinkafa, sai dai a bar tazara kada ya taɓa gindin, kuma a riƙa dubawa saboda gara.

In kuwa ya ƙi Gombe, akwai zabo. Ɗan gida ne, ba ruwansa da zafi, yana fitar da kara mai fure ja-ja bayan damina, kuma shi ma sha-kauci na zuwa shan zaƙinsa kamar yadda yake zuwa wa bakin wuta.

Maman Ilham: Af, ashe sunan tsuntsun ke nan! Wani ɗan ƙarami mai dogon baki yana sheƙi, kullum da safe sai ya zo. Yana farawa daga ƙasan furen.

Malamin Gona: Shi ne. Daga ƙasa furen ke fara buɗewa yana hawa sama, waɗanda suka buɗe su ne suka koma ruwan ɗorawa, jan na sama ba su buɗe ba tukuna. Tsuntsun ya san inda zumar take.

Kawu Sarkin Noma: To ashe dai akwai mai ci.

Maman Ilham: Kawu ka ga an rama min. To na tsayar da shawara: zan bari sai Oktoba, in tone gaba ɗaya yadda Baba ya ce. Yau zan yi gwajin ramin Malam. Ɗan Toro kada ka yi fushi, zan bar yanki ɗaya babba a tukunya, in Allah ya kai mu Yuni in raba shi, mu ga wanda zai riga fure.

Ɗan Toro: Na yarda. Amma a sa su a ƙasa iri ɗaya, kada a ba na Baba wuri mai kyau a ce na faɗi.

Maman Ilham: Salam jama'a, na dawo da rahoto bayan wata biyu. Ramin Malam ya kwana da ruwa, don haka na ɗaga kunya na zuba yashi baro biyu. Ranar Asabar da ta wuce muka tone, ni da almajirin gidanmu, sai da muka yi gumi. Yanki bakwai na samu masu kyau, tsakiyar kuwa yadda Baba ya faɗa, baƙa ƙirin har da rami a ciki. Huɗu na dasa, ɗaya na tukunyar Ɗan Toro, ɗaya ya tafi Gombe a mota naɗe da jiƙaƙƙen buhu. Ganyen waje na biyu daga cikinsu ya yi rawaya ya kwanta, hankalina ya ɗan tashi.

Baba Mai Furanni: Duba tsakiyar ganyen. In kore ne kuma kin ɗan ja shi bai biyo ki ba, lafiya lau, tsohon ganye ne yake zubarwa. Kada ki ƙara ruwa don kin ga rawaya, nan ne mutane ke kashe shi.

Maman Ilham: Na duba, kore ne shar, kuma ya riƙe.

Hajiya Babba: Na ƙirga, huɗu da ɗaya da ɗaya shida ne. Ina na bakwai?

Maman Ilham: Hajiya naki ne, yana inuwa cikin bokiti da ƙasa mai laima. Ki turo a ɗauka yau ko gobe kafin ya gaji. Amma da sharaɗi, ke za ki tsaya a kan mai aikin har ya gama dasawa.

Hajiya Babba: Da kaina zan dasa. Direba na zuwa bayan azahar.